Gam na murzawa a kan yadi: taimako ne ko ɓata kaya?

Ɗalibar Ɗinki:
Assalamu alaikum iyayena da yayyena. Wata bakwai ke nan da na fara koyon ɗinki, kuma har yau zif ne ke ba ni wahala. Sai in jera shi daidai in kafa fil, amma da zarar ya shiga ƙarƙashin ƙafar keke sai gefe ɗaya ya gudu ya bar ɗaya. In na zuge, ɗinkin ƙugu ba ya haɗuwa, wannan ya ɗara wancan da kusan rabin inci. Jiya wata da muke koyo tare ta ce ita gam take shafawa, irin na 'yan makaranta da ake murza gindinsa ya leƙo kamar jambaki. Sai ta manna zif ɗin tukuna, sannan ta hau keke. Na ga aikinta da idona, ya kwanta sumul. Sai dai ina jin tsoron kada ya ɓata min allura, ko ya bar tabo a kayan mutane. Don Allah wanda ya sani ya ba ni haske.

Baba Tela:
Wa alaikumus salam 'yata. Na haura shekara talatin a kan keke, ban taɓa kai gam kusa da zif ba. Zif ɗin da ke gudu, hannu ne bai gama nuna ba. Ki ɗauki allurar hannu ki kama shi da dogon taku, ki bi da keke, sannan ki zare kamun. Minti biyar ne. Haka aka koya mana, haka muka koya wa na bayanmu. Gam na takarda ne, yadi kuwa zare ya sani.

Hajiya Mai Leshi:
Baba ya faɗi gaskiya. Ni ganau ce. Wata yarinya da ke taya ni aiki ta taɓa manna min fulawar leshi a wuyan riga da gam, ta ce wai don kada ta motsa kafin a ɗinke. Allura uku muka karya a ranar. Wurin ya yi tauri kamar an zuba roba, da na ɗora dutsen guga kuma sai abin ya narke ya huda ya fito ta fuskar yadin. Rigar nan biyanta na yi. Ƙanwata, ki rufa wa kanki asiri.

Anti Mai Keke:
Hajiya, don Allah wane gam yarinyar ta sa? Wanda ake zura wa a bindiga a jona da wuta?

Hajiya Mai Leshi:
Shi fa. Dogon nan mai kama da kyandir.

Anti Mai Keke:
To ai nan aka samu saɓani, Hajiya. Abu biyu ne daban, siffa ce kawai ta haɗa su, kowanne dogo kamar sanda. Na bindiga roba ne da zafi ke narkarwa, in ya huce ya daskare, ruwa ba ya taɓa shi. Wannan kam ko ni ba zan bari allura ta bi ta kansa ba. Wanda ƙanwarmu take nufi shi ne na murzawa, mai laushi kamar sabulu, wanda in ya taɓa hannun yaro ruwa kawai ke wanke shi. Shekara shida ina amfani da shi a zif, da aljihu, da kalmasa, da haɗa zanen atamfa inda ake so fure ya haɗu da fure a ɗinkin baya. Ban taɓa karya allura saboda shi ba. Kuma ba wai yana maye gurbin zare ba ne, aikin fil yake yi. Ya riƙe miki har ki ɗinke, wanki ɗaya ya tafi abinsa.

Malamin Kimiyya:
Salam. Ni ba tela ba ne, maiɗakina ce ke ɗinki, amma abin da Anti ta faɗa haka yake, bari in ƙara bayani. Kamfanin Henkel na ƙasar Jamus ne ya fara fito da irin wannan gam a 1969 da sunan Pritt, kuma daga jambakin mata aka ɗauko dabarar murzawar, don haka ɗalibarmu ba ta yi kuskuren kwatance ba. Abin da ke cikinsa yawanci ruwa ne, da sinadarin mannewa mai narkewa a ruwa, wasu kamfanoni na amfani da wanda ake kira PVP, wasu kuma sitati. Sai wani nau'in sabulu da ke sa shi ya tsaya a dunƙule maimakon ya zube. Yana kamawa ne idan ruwan cikinsa ya bushe, yana saki idan ruwa ya dawo. Shi ke nan sirrinsa.

Na bindiga kuwa roba ce, galibi wadda ake kira EVA. Ƙananan bindigogi na narkar da ita a wajen digiri 120, manya a wajen 190. Yanzu ku duba alamar guga a jikin tufafi: ɗigo ɗaya digiri 110 ne, biyu 150, uku 200, kuma a ukun nan ake guge auduga. Kun ga ke nan dutsen gugar Hajiya ya kai zafin bindigar, har ya ɗan wuce. Dole gam ɗin ya sake narkewa ya kutsa cikin saƙar yadin.

Hajiya Mai Leshi:
Ikon Allah. Wallahi Malam ni duk a ɗaya na ɗauke su. To amma ko da na murzawar ne, ai danƙo danƙo ne. In allura ta huda shi sau ɗari, ba za ta kwaso ba?

Anti Mai Keke:
Za ta kwaso in aka ɗinka shi da ɗanyensa, Hajiya. A nan yawancin mutane ke kuskure, su shafa su hau keke nan take. Bari in faɗi yadda nake yi da zif, ƙanwata ki bi a hankali.

Da farko ki guge bakin da za a sa zif ɗin ya kwanta. Ki shafa gam ɗin a jikin ƙyallen zif ɗin, ba a jikin rigar ba, kuma can gefe nesa da haƙora. Shafa ɗaya siririya ta isa, kada ki koma ki maimaita. In kin ga dunƙule-dunƙule a wurin, ya yi yawa, ki kankare da farce. Sai ki ɗora ki danna da yatsa. Kina da ɗan lokaci kafin ya kama, in bai zauna daidai ba ki ɗaga ki gyara. Sannan ki ɗora dutsen guga a kai, busasshe ba tururi, ki danna kawai kada ki ja, kamar ƙirga biyar. Tururi ruwa ne, sake jiƙa shi zai yi. Ki kula kada ƙarfen ya hau haƙoran zif in na roba ne.

Ga wurin da ya fi muhimmanci: kafin ki hau keke, ki zuge zif ɗin ki duba ko ɗinkin ƙugu ya haɗu. Wannan ne abin da fil ba ya barin mutum ya yi cikin sauƙi. In bai haɗu ba, ki ɓanɓare gefe ɗaya ki sake, ba ki warware zare ko ɗaya ba.

In kuma kin ji zare na tsinkewa ko keken na tsallake taku, ki taɓa allurar da yatsa. In da danƙo, ki goge ta da auduga da ɗan sipirit, ki ƙara ba gam ɗin lokaci ya bushe.

Baba Tela:
Na ji bayaninki 'yar'uwa, kuma na yarda na ɗauka na bindigar ake nufi da farko. Amma har yanzu ina nan a kan bakana ta fuska ɗaya. Yarinyar nan ba ta san me ya sa zif ɗinta ke gudu ba, kuma gam ba zai gaya mata ba. 'Yata, saurara. Haƙoran keke da ke ƙasa jan yadin ƙasa suke yi gaba, ƙafar da ke sama kuma tana danne na sama tana riƙe shi baya. Kowane taku akwai ɗan bambanci kaɗan, kafin ki kai ƙarshen zif mai inci ashirin ya taru ya zama rabin incin da kike gani. In kuma kin ɗinka gefe ɗaya daga sama zuwa ƙasa, ɗayan daga ƙasa zuwa sama, kin ninka matsalar, don kowanne ya gudu ta nasa ɓangaren. Ki ɗinka duka biyun daga sama zuwa ƙasa. Ki sa alli a jikin zif ɗin daidai inda ɗinkin ƙugu ya faɗo, a gefe biyun. Kada ki ja yadin da hannu, ki bar keke ya ci da kansa. Wanda ya san wannan, ko a ina aka ajiye shi zai sa zif. Wanda gam kawai ya sani, ranar da aka kawo masa yadin da ba ya son ruwa, me zai yi?

Anti Mai Keke:
Baba, wannan bayanin naka da zinariya ya kamata a rubuta shi. Ni kaina sai da na shekara biyu a ɗinki kafin wani ya faɗa min maganar haƙoran keke. Amma ka duba, abin da ka faɗa shi ne ma dalilin da ya sa gam ke aiki. Fil wuri ɗaya-ɗaya yake riƙewa, tsakanin fil da fil yadin na da damar zamewa, kuma kowane fil yana ɗan tattare yadin inda ya shiga ya fita. Gam kuwa tun daga sama har ƙasa ya haɗe su sun zama abu guda, haƙoran ba su da abin da za su ja su bar wani. Kamun hannun da kake cewa shi ma haka yake yi, ban musa ba. Bambancin, wanda ke da riga goma a gabansa lokaci yake dubawa.

Baba Tela:
Sauri ya haifi nawa. Wanda ke koyo ba riga goma ce a gabansa ba.

Mai Jakunkuna:
Salam jama'a. Ni jaka da lalitar hannu nake yi, bari in sa baki ta ɓangarena. A kan yadin ciki na auduga gam na murzawa yana yi min aiki sosai, musamman wajen naɗe bakin aljihun ciki da manna tambarin suna kafin in ɗinke, don tambari ƙarami ne, fil ɗaya ma karkatar da shi yake yi. Amma a kan fata ko ledar roba kada ma mutum ya wahalar da kansa. Ba ya kamawa, saboda babu inda ruwan zai shige ya bushe, zamewa kawai yake yi. Fil kuma ba ya yiwuwa a can don hudar ba ta rufewa. Ni ƙananan abubuwan matsewa nake sawa, ko siririn tef mai danƙo gaba da baya, in ajiye shi nesa da inda allura za ta bi.

Na bindigar ma yana da gurbinsa, kada a kore shi gaba ɗaya. Fulawar ado a kan abin gashi, kwalliyar akwatin kyauta, abin ratayawa a bango, duk abin da ba za a ɗinka ba, ba za a wanke ba, ba za a guge ba. Duwatsun ado a kan riga kuma ba aikin ko ɗaya daga cikinsu ba ne, wannan sai gam na dindindin irin B-7000 ko E6000, a bar shi ya kwana ya bushe a wuri mai iska.

Malamin Kimiyya:
Tunda an zo kan nau'o'in gam, akwai gargaɗin da ya wajaba in yi. Gam ɗin nan mai ruwa-ruwa da ke kamawa cikin daƙiƙa, wanda ake gyara fasasshen abu da shi, kada a kai shi kan auduga ko ulu. Yana haɗuwa da zaren auduga ya fitar da zafi mai tsanani nan take, har hayaƙi yakan tashi, kuma in a jikin mutum tufar take yana ƙona fata. Wannan ba maganar tabo ba ce, maganar rauni ce.

Maman 'Yan Biyu:
Na gode Malam, ban san wannan ba, kuma yara na yawan wasa kusa da teburina.

Ni aikin da na fi so shi ne haɗa guntayen ƙyalle su zama murfin matashi ko bargon jariri. Akwai salon da ake yanka takarda mai kusurwa shida, a naɗe ƙyalle a kanta, sannan a haɗa su da allurar hannu kamar saƙar zuma. A da kowane guda sai na kama shi da zare, in murfin matashi ɗaya na neman guda ɗari da wani abu, kun ga aikin. Yanzu gam nake shafawa a jikin takardar, ɗan nesa da bakinta, in naɗe ƙyallen. Dalilin barin bakin shi ne nan allura za ta bi, in gam ya bushe a wurin huda shi da hannu azaba ne ga yatsa. Akwai wanda aka yi musamman don yadi, siriri kamar biro, na kamfanin Sewline, launinsa shuɗi ne in ya bushe ya ɓace. Na 'yan makaranta ma akwai mai launin shunayya na Elmer's da ke ɓacewa haka. Amfanin launin kina ganin inda kika shafa. Ni dai duka biyun sun yi min, siririn ya fi daɗin riƙewa a ƙananan wurare ne kawai.

Abu ɗaya da ya same ni: na taɓa manna guntaye da yawa na zuba a kwali na manta da su wata da watanni. Da na buɗe, wasu takardun sun ƙi fita sai da na yayyafa ruwa, kuma na tarar ƙwari sun gaigaye wasu daidai inda gam ɗin yake. Tun daga nan ba na ajiye abin da na manna ya daɗe ba a wanke ba.

Malamin Kimiyya:
Haka ne Maman 'Yan Biyu. Wanda aka yi da sitati abinci ne a wurin kyankyaso da ƙananan ƙwarin nan masu cin takarda. Wanki ne maganinsa.

Hajiya Mai Leshi:
To ni dai jiya da daddare na gwada, tunda kun matsa. A kan guntun atamfa ba abin da ya faru, na jiƙa ya fita tas. Amma a kan satin mai sheƙi ya huda ya nuna ta fuska, kuma da na sa ruwa don in cire, sai ruwan ya bar zobe a wurin. Anti, me za ki ce?

Anti Mai Keke:
Zan ce kin yi daidai da kika gwada a guntu, Hajiya, kuma sakamakon gaskiya ne. Ba kowane yadi ba ne. Satin, siliki, shifon, karammiski, da duk abin da aka rubuta a jikinsa cewa ba a wanke shi da ruwa, ba na kai musu gam. Dalili a fili yake: abin da ruwa kaɗai ke cire shi, ba a sa shi a inda ruwa ba zai je ba. Sabuwar shadda ma ina kaffa-kaffa da ita, don mai ita ba zai so a jiƙa masa ita kafin ya sa ba, sheƙin ne kuɗinsa. In dole ce, sai in tsaya can cikin rarar ɗinki inda ba mai gani. A irin waɗannan yadukan maganar Baba ce ke ci, allurar hannu da siririn zare.

Wani abu kuma, a karanta jikin gam ɗin kafin a saya. Dole a ga an rubuta cewa yana wankuwa. Akwai masu siffa iri ɗaya da aka rubuta na dindindin ne ko mai ƙarfi na musamman, waɗannan ba na ba da tabbacinsu.

Ɗalibar Ɗinki:
Anti, gugar da ake yi masa ba ta sa ya zauna daram ya ƙi fita?

Anti Mai Keke:
In dannawa ce ta ɗan lokaci da matsakaicin zafi, yana fita. Sai dai wanda aka guge ya fi wanda ya bushe da kansa jinkirin saki. Ki jiƙa kayan a ruwa mai ɗumi kamar minti ashirin kafin ki sa sabulu, ki murza wurin da yatsa. In kin ji santsi, da saura. Kada ki sake guge rigar da zafi mai yawa sai kin tabbata ya fita.

Baba Tela:
To kin ji, ga sharuɗɗa nan sun taru: kada ya yi yawa, kada a ɗinka ɗanye, kada tururi, kada satin, kada a ajiye, a karanta jikinsa. Zaren kamu ba shi da sharaɗi ko ɗaya, ja ɗaya ya fita. Amma zan faɗi gaskiya, maganar aljihun gaba ta shiga raina. Aljihun da ake ɗorawa a ƙirjin riga yakan karkace ko a hannun gwani, kuma fil na barin huda a yadi mai matsattsiyar saƙa. A nan zan iya gwadawa.

Mai Jakunkuna:
Baba, in za ka gwada, ɗigo-ɗigo za ka sa a kusurwa huɗu da tsakiyar gindin aljihun, ba sai ka zagaye shi duka ba. Kuma a rufe murfin da zarar an gama. In ya sha iska ya ƙanƙance, jan zaren yadin yake yi yana barin gutsattsari.

Ɗalibar Ɗinki:
Iyayena na dawo da labari. Na yanka guntayen atamfa na sa zif huɗu. Biyu da gam yadda Anti ta koya min, biyu da kamun hannu, kuma dukkansu na ɗinka daga sama zuwa ƙasa da alamar alli kamar yadda Baba ya ce. Na gam ɗin duka sun haɗu daidai. Na hannun ɗaya ya haɗu, ɗaya ya ɗan goce kaɗan, amma ko kusa bai kai irin na da ba. A na gam na farko na yi gaggawa ban bari ya bushe ba, zare ya tsinke sau biyu, na goge allurar da sipirit ya daidaita. Na jiƙa su da safe, babu tabo ko ɗaya. Allah ya saka muku da alheri baki ɗaya.

Baba Tela:
Madalla 'yata, Allah ya yi albarka. Wancan da ya goce, ki duba takun kamunki, ina jin ya yi tsawo da yawa. Ki rage shi zuwa kamar rabin inci, kuma ki yi kamun a kan tebur, ba a kan cinya ba. Ki ƙara yin guda shida da hannu a satin ko wani yadi mai santsi, ki turo mana mu gani.

Ɗalibar Ɗinki:
To Baba, in sha Allahu. Ina da ragowar satin, gobe zan fara.